Ƙurar Ta Sauka, Kuma Ruwan Hoda Ce

Jama'a, yau kam sai hamdala. 'Yan mitsi-mitsin naman kazan nan da na tsinto a gindin suri, cikin kurmin da ke bayan gonarmu a Zuru, sun yarda sun zubar min da ƙurar irinsu, wadda launinta ke taimakawa a gane wane irin naman kaza ne.

Sau 6 ina gwadawa. Hular naman kazan ba ta kai faɗin kan kwalba ba, kafin gari ya waye ta bushe ƙayau. Na rufe ta da leda, ta ruɓe, tsutsa ta yi biki. Na koma farar takarda, wayam. Har na fara zargin madubin ƙara girman abu da na saya naira 4,500, kuɗin da har yanzu yake min ciwo. Ashe ƙurar tana sauka, haskenta ne ya saje da takardar. Jiya na ɗora hula biyar a kan gutsuren gilashi, na ɗiga wa kowace ruwa a ka, na kife kofin shayi. Da asuba na tattara ƙurar wuri guda da reza. Ruwan hoda, ba tantama!

Ke nan dangin naman kaza da ake kira Mycena ta fita daga zato, tunda tata ƙurar fara ce. Zuciyata tana kan Termitomyces microcarpus. Abin da ya daɗe yana rikita ni shi ne rashin doguwar saiwar da sauran Termitomyces ke yi, mai nutsawa cikin gidan gara, ashe shi wannan bai cika yin ta ba, a kan dattin da gara ta turo waje yake tsirowa, ɗaruruwa a dunƙule. Ban ji kunya ba, manyan masana naman kaza ma sun sha wuyar gano danginsa. Berkeley da Broome sun sa shi cikin Agaricus a 1871 daga Siri Lanka, aka kai shi Entoloma, aka kai shi Mycena, Heim ya mayar da shi Termitomyces, Singer kuma ya ware masa Podabrella.

Saura Entoloma, ita ma ƙurarta ruwan hoda ce, kuma akwai masu dafi a danginta. Ƙwayar tata mai kusurwa ce, ta Termitomyces sumul kamar ƙwai, ido ba ya raba su. Wata gwaggo maƙwabciyarmu ta ce, “Ɗana, wannan ai na miya ne.” Na ce, “Gwaggo, ku yi haƙuri tukuna.” Gilashin yana cikin gwangwani a ajiye. Wa ke da hanyar maikuroskof, na'urar duba abin da ido ba ya gani, tsakanin Zuru da Birnin Kebbi?