Tarihin Rayuwata, Kashi na 4: Gidan Rediyon Garken Awaki

Makon jiya mun tsaya inda Baba ya kai ni lakwal, wato makarantar boko. To, ni yaro ne mai i'ina, mai tsanani kuwa. In mushe, wato malaminmu, ya nuna ni ya ce in karanta abin da ke allo, sai harafin farko ya maƙale mini a maƙogwaro, in yi ta dukan cinya, aji ya kwashe da dariya. Ga Faransanci, ga Hausa an hana. Wanda ya yi suɓutar baki a rataya masa sambol, wato alamar horon mai yin Hausa, a wuya. Sai na koma shiru, har wasu suka ɗauka ba na ji.

Lokacin duk Maraɗi ba a gama murnar Kantu ba, wanda ya ɗauko takobin kokowa na farko a Tawa a 1975. Yaran unguwar Mokoyo kowa shi ne Kantu. Ni ban da jikin kokowa, shi ya sa na zama mai kawo labarinta. Na samo gwangwanin tumatir, na huda gindinsa da ƙusa, na soka karan dawa, na ɗaura igiyar rama ta zama waya. Bayan la'asar in shige garke, in hau turmin da aka kife, jajayen awakin Inna su ne jama'ar fili.

"Jama'a masu saurare, ga Muryar Sahel! Ga Kantu ya shigo, ga Kadade na Tawa ya durƙusa yana ɗibar ƙasa!"

Wallahi ko sau ɗaya harshena bai taɓa sarƙewa ba a kan turmin nan. Mai gwangwanin wani mutum ne daban, ba wanda ya taɓa yi masa dariya. Shi ya sa har yau raina ke ɓaci in na ji an daka wa yaro tsawa don yana magana shi kaɗai. Wani abu yake gyarawa a cikinsa, ku ƙyale shi.

Ashe kakata na laɓe bayan zana tana ji. Ran nan ta leƙo ta ce, "Angona, wa ya yi kaye? Ka bar ni cikin zullumi."

Ban san lokacin da na ba ta amsa tiryan-tiryan ba. Washegari ta yafa mayafinta, ta ce in ɗauko gwangwanin, za mu je wurin mushe. Yadda suka kwashe, sai mako mai zuwa in Allah ya kai mu.