Gaban kyamara da bayanta a Sakkwato

Da wasan kwaikwayo na fara, tun muna dirama a makaranta. Kyamara kuwa dole ce ta sa na ɗauka. Mai ɗaukar hotonmu ya tattara ya koma Kano, inda harkar fim ta kafu tun 1990, ya bar mu da rabin aiki da wata tsohuwar Canon. Ba mu da kuɗin hayar wani, sai na rungume ta.

Ranar farko a wani gida a Mabera na kafa ta, na danna, na zaga na zauna na yi fitowata. Da dare muka duba: bangon bayana ya fito tar, fuskata kuwa dishi-dishi. Wuni guda ya tafi a banza. Tun daga nan sai na zaunar da ƙanena a gurbina, na saita, na shata wurin da gawayi, sannan in shiga.

Rana ma malama ce. A watan Afrilu zafi kan haura 40, kyamara ta ɗau zafi ta tsaya ana tsakiyar magana. Yanzu daga asuba zuwa hantsi muke aiki, sai kuma bayan la'asar, lokacin da haske ke kwanciya a bakin gulbin Rima. Farin kwali ke mayar mana da haske kan fuska. Ƙarar 'yan kabu-kabu kuwa, sai haƙuri da maimaici.

Amma abin da ya fi canza ni shi ne kallon Baba ta cikin gilashi. Dattijo ne, tsohon ɗan dirama. Na matso da hoto kan fuskarsa a fitowar da aka ce masa ɗansa ya rasu. Bai yi kuka ba, bai ɗaga hannu ba. Carbinsa kawai ya tsaya, ya haɗiye yawu. Sai da hannuna ya yi rawa.

Na ce, "Baba, ya aka yi haka?"

Ya ce, "Ɗana, kai ihu kaka yi don na bayan hili su jiya. Wagga aba kusa take, ko numfashinka tana ji."

Har yau ina yin duka biyun, duk da gajiyar. In zan shiga gaban kyamara, nakan rage rabin abin da na shirya. In ina bayanta kuma, ba na gaggawar cewa a yanke. Nakan bar ta ta ci gaba da ɗauka na ɗan lokaci bayan magana ta ƙare.