Asabar: muryar da ke bayan katanga

Yau ban fita ko'ina ba, kuma da yake wuta ta zauna tun bayan sallar Azahar, sai na ɗauko fim ɗin da na daɗe ina ɗage kallonsa, wato Mathilukal na darakta Adoor Gopalakrishnan, wanda ya fito a 1990. Ma'anar sunan ita ce katangu a harshen Malayalam, harshen mutanen jihar Kerala da ke kudu maso yammacin Indiya. Ƙanena ya zauna kusa da ni da ɗokinsa don ya ji an ce fim ɗin Indiya ne, amma ba a yi minti ashirin ba ya dube ni ya ce, "Yaya, wai yaushe za a fara waƙa?" Na ce masa ya ƙara haƙuri, alhali na san babu waƙar da zai gani.

Ban ga laifinsa ba, domin mu da muka tashi da finafinan Hindi mun saba da rawa da faɗa da kuka mai yawa, shi kuwa Adoor ya bi wata hanya dabam tun farkon aikinsa. An haife shi a 1941, ya yi karatu a makarantar koyon fim ta Pune, sannan a 1965 shi da abokansa suka kafa ƙungiyar Chitralekha a Thiruvananthapuram, wadda ta riƙa nuna wa jama'a finafinan ƙasashen duniya kafin ta ɗauki nauyin fim ɗinsa na farko, Swayamvaram, a 1972. Daga wannan shekara zuwa 2016 dogayen finafinai 12 kacal ya yi, abin da wani daraktan zai kammala cikin shekara huɗu ko biyar.

Labarin na yau an ɗauko shi ne daga littafin Vaikom Muhammad Basheer, marubucin da aka ɗaure saboda rubuce-rubucensa na siyasa kafin Indiya ta sami 'yancin kai. Jarumi Mammootty ne ya fito a matsayinsa. Yana cikin gidan yari yana kula da furannin da ya dasa, sai ya ji muryar wata fursuna mai suna Narayani daga ɓangaren mata, doguwar katanga ta raba su. Daga nan suka shiga hira kullum, kuma idan ta iso sai ta jefa busasshen reshe sama don ya san tana nan. Har fim ɗin ya ƙare ba a nuna fuskarta ko sau ɗaya ba, muryar jaruma K.P.A.C. Lalitha kawai ake ji. A nan ne na gane gwanintar Adoor, domin da ya nuna ta da mai kallo ya tsaya auna kyanta, amma da ya ɓoye ta sai na tsinci kaina ina zuba wa katangar ido kamar yadda Basheer yake yi, ina jiran reshen ya bayyana. Kyamara takan daɗe a wuri ɗaya, kiɗa kaɗan ne, kuma takun sawu da kukan tsuntsaye su ne suke cike shirun. Gaskiya akwai wurare biyu ko uku a farkon fim ɗin da na ji jan ya yi yawa, har na tashi na haɗa shayi ban tsayar da shi ba.

Basheer da Narayani sun yi alkawarin haɗuwa a asibitin gidan yarin, sai takardar sakinsa ta zo kafin ranar, aka fitar da shi ba da son ransa ba. Ƙanena, wanda na ɗauka barci yake yi, ya tashi zaune yana tambaya ko da gaske ba za su haɗu ba, kuma bai daina mita ba har muka tafi masallaci sallar Magariba.

Bayan Isha'i na nemo wani fim ɗin Adoor, Elippathayam na 1981, wanda ya ci lambar yabo ta Sutherland a Ingila, labarin wani magajin gidan masu filaye da ya kasa fita daga tsohon gidansu kamar ɓera a tarko. Na yi niyyar farawa a daren nan, amma aka ɗauke wuta wajen ƙarfe tara, don haka sai gobe in Allah ya kai mu. Ƙanena ya ce kada in fara sai ya dawo daga kasuwa.