Abin da na koya a aikin bin salsalar mutanen Tsibirin Man

Na ajiye aiki a ofishin da ke binciko wa jama'a asalinsu a Douglas, babban birnin Tsibirin Man da ke teku tsakanin Birtaniya da Ireland, kuma ina ganin ya dace in bar wa wanda zai gaji kujerata ɗan bayani. Yawancin masu aiko mana da buƙata zuriyar waɗanda suka yi ƙaura zuwa Cleveland ta Amurka ne tun shekarun 1820, kuma kowannensu so yake a jero masa kakanni ba tare da giɓi ba.

Duk ɗan sana'ar ya san matsalar ƙarancin sunaye. A littafin coci ɗaya sai ka tarar da William Quayle uku an yi musu baftisma a shekaru kusa da juna, ga shi rajistar haihuwa ba ta zama dole ba sai 1878. Mutanen ƙauye da laƙabi da sunan gona suke bambance su, wannan sani kuwa a bakin tsofaffi yake. Shugabata ta ɗauki zaman da nake yi da su ɓata lokaci, har takan tambaye ni a gaban jama'a ko na gama sauraron tatsuniya. Da aka kawo aikin wani iyali na ƙauyen Laxey, na nuna mata cewa William ɗin da ta zaɓa a matsayin kakansu mahaƙin ma'adinai ne da ya rasu bai yi aure ba, kuma wasiyyar mahaifiyarsa ta tabbatar da haka. Ta ce an riga an biya kuɗi, lokaci ya ƙure, a haɗa shi cikin salsalar. Aka haɗa, aka buga sunana a ƙasan rahoton. Da dangin suka tako har maƙabarta suka ga shekarun da ke jikin dutsen kabarin ba su dace ba, ni aka tura in ba da haƙuri, ita kuwa ta rufe ƙofar ofishinta.

A duba wasiyyoyin mata tun farko, domin dokar tsibirin ta ba matar aure rabo a dukiyar gida, shi ya sa suka bar takardu da yawa. Kada a katse tsohuwar da ta fara da labarin Moddey Dhoo, baƙin karen almara na gidan sarautar garin Peel, ko wadda ke gaida ƙananan aljanu a gadar hanyar Castletown, saboda galibi ita ce ta san wa ya auri wa. Gyaran da shugaba ya ƙi kuwa, a aika masa a rubuce, a ajiye kwafi a gida.