Yaron da na yi ta ce wa ya fi kowa

Shekarata ta uku da fara koyarwa a wata firamare ta ƙauye, can tsakanin Ringim da Taura, na samu wani yaro mai kaifin kai a aji biyar. Kafin in gama rubuta lissafi a allo ya ɗaga hannu. Ni kuwa daɗi ya ishe ni, kullum sai in ce wa 'yan ajin, "Ku dube shi, ya fi ku duka." Na naɗa shi monita, har bulala na danƙa masa. A zatona ƙarfin gwiwa nake ba shi.

A jarrabawar zango na biyu wata yarinya ta wuce shi da maki uku, yarinyar da sai ta gama tallar koko take shigowa aji. Ina cikin raba takardu ya fizge tata ya yayyaga, jikinsa na rawa, yana cewa ƙara mata maki na yi. Washegari mahaifinsa ya zo har ƙofar aji, ya ce, "Malam, yaron nan ai ba sa'an waɗannan ba ne." Na ji maganata ce a bakin wani, kunya ta rufe ni.

Sai da na tafi ƙaro karatu a Gumel na san sunan abin da na shuka. A darasin halayyar ɗan Adam aka ba mu labarin Girkawa na Narsisus, saurayin da ya ga fuskarsa a ruwa, ya kamu da sonta har ya mutu a wurin. Daga sunansa masana suka samo sunan wannan hali na ji-ji da kai, kuma sun raba shi da sanin darajar kai. Mai ji-ji da kai sai ya ga wani a ƙasansa hankalinsa ke kwanciya. Wanda ya san darajarsa ba ya bukatar kowa ya faɗi. A 1998 wasu masana halayyar ɗan Adam biyu, Bushman da Baumeister, sun sa ɗalibai rubutu a Amurka, aka kushe rubutun wasunsu da gangan, kuma masu ji-ji da kai ne suka fi zafin ramuwa. Binciken da ya fi taɓa ni shi ne na Brummelman a Holan, wanda ya fito a 2015, a kan yara 565: waɗanda iyayensu ke ɗauka sun fi sauran yara sun ƙaru da ji-ji da kai, waɗanda ake ja a jiki da ƙauna kuma sun fi sanin darajarsu.

Mun ma taso da wannan a makarantar zaure. A hadisin Muslim, Annabi (SAW) ya ce girman kai shi ne ƙin gaskiya da raina mutane, bayan an tambaye shi game da mai son tufa da takalmi masu kyau.

Mu Hausawa alkunya kan hana mu yabon ɗa a gabansa, ɗan fari ma ko sunansa ba a kira. Ina jin yarinyar nan ba wanda ya taɓa ce mata ta fi kowa. Amma na ga kakarta ranar kasuwa tana gyara mata ɗankwali, ta kunce bakin zane ta ba ta kuɗin fensir. Ita ce in ta faɗi lissafi take zuwa ta ce, "Malam, ina ne na kuskure?"

Da na dawo na tarar da yaron nan a aji shida. Na hana bulala, na mai da monita karɓa-karɓa kowane mako, na koma yabon aikin da yaro ya yi. Ya yi wata guda yana ɗaure mini fuska. Wata Alhamis bayan an tashi, ya tsaya har aji ya watse, ya miƙo littafinsa ya ce a hankali, "Malam, rabawar nan ban gane ta ba." Na jawo benci muka zauna.