Saƙon Godiya Bayan Haska Fim Ɗin Waɗanda Suka Warke Daga Kuturta

Assalamu alaikum. A madadin duk waɗanda muka yi wannan aiki tare, ina miƙa godiya ga jama'ar da suka cika filin firamaren unguwarmu a Lahadin ƙarshe ta watan Janairu, ranar da duniya ta keɓe domin yaƙi da cutar kuturta, suka zauna har aka kashe majigi.

Babbar godiya ta tabbata ga masu fim ɗin, wato bayin Allah maza da mata da suka yi jinya a asibitin masu kuturta na Yadakunya da ke Kano suka samu lafiya. Su suka riƙe kyamara, su suka zaɓi wanda za a yi hira da shi, kuma babu abin da ya shiga fim ɗin sai da suka kalla suka amince. Wata baiwar Allah ta nemi a ɓoye fuskarta saboda ana neman auren 'yarta, aka bar muryarta kawai tana ba da labarin yadda aka ware mata kwano da buta a gidan da aka haife ta, har bayan ta gama shan magani. A ganina, da mu muka je mata da tambayoyinmu, da ba ta faɗi rabin abin da ta faɗa wa 'yar'uwarta da ta san zafin abin ba.

Ina kuma gode wa wani baduku na Kasuwar Kurmi, wanda ya ɗinka wa kyamarar maɗaurin fata domin wani dattijo da ya rasa yatsu ya ɗaura ta a wuyan hannu, ya kuma ƙi karɓar ko kwabo. Da wannan maɗaurin Baba ya ɗauki hoton shagon ɗinkin da ya rufe lokacin da masu kawo ɗinki suka guje shi.

Muna godiya ga likitan da ya amsa tambayoyi bayan kallo. Ya bayyana cewa ƙwayar cuta ce ke kawo kuturta, ba gado ba ce kuma ba sammu ba, cewa tun 1995 ake ba da maganinta kyauta ta hannun Hukumar Lafiya ta Duniya, ana sha wata 6 ko 12, kuma wanda ya fara sha ya daina yaɗa ta. Ya ce yatsu na lalacewa ne idan an makara, jijiya ta mutu har mutum ya ƙone bai ji ba, don haka duk wanda ya ga tabo mai haske a fatarsa wanda ba ya jin taɓi, ya hanzarta zuwa asibiti.

Malam Liman ya sa hannu a tire ɗaya da masu fim ɗin a gaban kowa, mai unguwa ya ba mu wuri, samarin unguwa suka kawo janareto da tabarmi. Duk unguwar da ke son a haska mata, masu fim ɗin sun ce a shirye suke su zo da kansu. Allah ya saka wa kowa da alheri, amin.