Laraba: fim mai nauyin megabait 4

Yau tun safe magana ɗaya ce a shago, wato linkin "sabon fim kyauta" da ke yawo a guruf-guruf na WhatsApp. Wayoyin da aka kawo gyara duk ciwonsu iri ɗaya ne.

Mutum ya taɓa linkin, ya kai shi shafin ajiyar fayil mai maɓallan saukewa barkatai, yawancinsu talla. Abin da ya sauko sunansa ya ƙare da .apk, nauyinsa megabait 4. Fim na awa biyu, ko an matse shi, ɗaruruwan megabait ne, kuma da .mp4 ko .mkv yake ƙarewa. Shi .apk manhajar wayar Android ce, fim kuwa ba a girka shi, kallonsa ake yi. A kwamfuta masu ɗana tarkon sukan raɗa masa suna kamar fim.mp4.exe, don sun san Windows na ɓoye wutsiyar suna sai ka kunna nuna ta. Wani sa'in su ƙunshe shi a zip, wato ƙunshin fayil, mai kalmar sirri, ba don tsaronka ba, don kada manhajar bincike ta leƙa ciki.

Da an girka manhajar a waya, izini biyu take roƙo: karanta saƙon tes, da Accessibility, wato tsarin taimaka wa masu buƙata ta musamman wajen sarrafa waya. Na farko yana miƙa mata lambar OTP, wato lambar sirri ta amfani sau ɗaya da banki ke turowa. Na biyun ya fi muni, domin da shi take ganin allo, tana danna maɓalli da kanta. Daga nan ta ɓoye tambarinta, mai waya ya ɗauka ma ba ta hau ba.

Gyaran: a sa waya a yanayin jirgi tukuna. A kunna ta a Safe mode, yanayin da manhajojin da aka girka ba sa aiki, a shiga Device admin apps, wato jerin manhajoji masu iko da wayar, a ƙwace wa manhajar iko, in ba haka ba maɓallin gogewa ba zai dannu ba. Sannan a goge ta. Da wata waya daban, ba wannan ba, a kira banki a rufe asusu, a canja kalmar sirrin Gmail, a duba Linked devices na WhatsApp, wato na'urorin da ke haɗe da asusun, a fitar da baƙo.

Abin da ya fi ba ni haushi, Play Protect, mai gadin Google da ke cikin wayar, yakan yi gargaɗi, mutane su danne shi don ɗoki. Liƙa linki a VirusTotal, shafin da ke bincikar linki da fayil, kafin buɗewa ba ya cin minti ɗaya, ko da yake sabon tarko kan iya wuce shi.

Waya ɗaya ta ƙi wankuwa. Gobe za a kwashe hotuna da lambobi kawai, ban da manhajoji, a mayar da ita yadda ta fito daga kamfani.